Ayarin Jamus a kan bencin gareji: littafin aikina

Asabar, 11 ga Janairu

Yau na yanka ƙarfen farko. Tun bara nake cewa zan fara, aiki bai bari ba, sai yanzu da kasuwar gyaran bodi ta ɗan ja baya. Abin da nake son haɗawa shi ne ƙaramin ayarin motocin sojan Jamus na zamanin yaƙin Hitila, kowace a kan kashi ɗaya cikin goma na girmanta. Na zaɓi wannan awo ne saboda son jiki: ba sai na ɗauko kwakuleta ba, sifili ɗaya kawai zan goge.

Yarona na gareji ya so mu fara da tanka. "Oga, Tiger za mu yi, ita ake gani a fim." Ni ma can zuciyata ta fara tafiya. Amma Tiger sai a 1942 ta shiga fagen daga, lokacin da gudun nasarar Jamus ya riga ya fara ƙarewa, kuma duka-duka ba a ƙera 1,400 ba. Abin da ya durƙusar da Faransa cikin mako shida a 1940 ƙananan tankoki ne, wasu ma na Cekoslobakiya da aka ƙwace, da dubban motocin kaya a bayansu ɗauke da mai da harsashi da burodi. Na ce masa gingimari za mu fara yi. Ya ɓata rai, ya tafi sayo abinci.

Motar ita ce Opel Blitz mai ɗaukar tan uku. Tsakanin tayar gaba da ta baya milimita 3,600 ne, don haka tawa santimita 36. Na lanƙwasa dogayen ƙarafa biyu na shasi daga ragowar fallen ƙofar wata mota, na ɗaure su a kan katako. Iyakar na yau ke nan.

Lahadi, 19 ga Janairu

Shasi ya tsaya, amma ya murɗe kaɗan wajen walda. Ƙarfen ya yi siriri, wutar ta yi masa yawa. Na warware, na koma dalma da ƙananan kusoshi.

Wani abu da na daɗe ina ɗauka ba daidai ba: na zaci sunan Blitz daga Blitzkrieg ya fito, wato yaƙin walƙiya. Ashe kamfanin ya raɗa wa motocin kayansa sunan tun 1930, Hitila bai ma hau mulki ba. Kuma a lokacin kamfanin Opel mallakar General Motors ne na Amurka. Injinta fetur ne, silinda shida, lita 3.6, babu wani tsafi a cikinsa. A garin Brandenburg ake ƙera ta, har jiragen yaƙin abokan gaban Jamus suka rushe masana'antar a watan Agusta 1944.

Juma'a, 31 ga Janairu

Taya ta hana ni barci. Guda bakwai nake buƙata: biyu a gaba, huɗu a baya tunda bibbiyu ne, da safaya. Kowace faɗinta wajen santimita tara. Na gwada yanka tsohon silifa, ya yi laushi, kuma zanen ba ya fita. Na gwada tayar motar wasan yara, ta yi kama da ta motar tsere. A ƙarshe tsohuwar tayar babur na samu, na yanka zobe-zobe daga gefenta mai kauri, na ɗora kowane a kan injin huda ƙarfe yana juyawa, ina goga masa magagari har ya zagaye. Zanen kuwa da reza na yi shi, tsaga ɗaya bayan ɗaya. Taya ɗaya awa biyu. Uku na gama, babban yatsana ya sha yanka sau biyu, uwargida ta ce in na ƙara ɗiga mata jini a tabarma zan koma kwana gareji.

Asabar, 15 ga Fabrairu

Kan motar ya hau, ƙofofi suna buɗewa. Katakon bodin baya daga akwatin tumatir na fere shi. Yau kuma na shiga abin da na fi ɗoki tun farko, wato jarka.

Mutane da yawa ba su san jarkar da muke layin mai da ita 'yar Jamus ba ce. A wajajen 1937 wani kamfani a garin Schwelm ya fito da ita don sojoji, lita 20. Sojojin Ingila suna yi wa Bajamushe laƙabi da Jerry, da suka ga gwangwanin sai suka kira shi da sunan, mu kuma bakinmu ya mayar da shi jarka. Na ɗauko wata tsohuwa ta ƙarfe da ke ƙarƙashin bencina tun zamanin maigidana, na goge ta, na zauna ina kallonta kamar yau na fara ganinta. Duk wanda ya zana abin nan ya taɓa ɗaukar kaya da hannunsa. Mariƙi uku ne a jere: mutum ɗaya ya kama na tsakiya, mutum biyu su kama na gefe-gefe, in babu komai a ciki ka haɗa biyu a hannu ɗaya. In an yi layi ana miƙawa, mai karɓa yana da inda zai kama kafin mai bayarwa ya saki. Murfin ba na murɗawa ba ne, maƙalli ne da ake ɗagawa da yatsa, ba ya neman sifana, ba ya ɓacewa. Tsagar da aka buga a gefe tana ƙara wa fallen ƙarfi, tana kuma ba shi damar numfashi in rana ta buga. Akwai ɗan ƙusumbi a sama inda iska ke zama, ko ka cika ta ba ta cika fal ba. Fallaye biyu ne aka buga da inji aka haɗa da walda a tsakiya, kuma layin waldar a lotse yake don kada ya gogu. A matsayina na mai bugun ƙarfe, wannan lotsawar ita ta fi burge ni.

Ingilishi a lokacin da siririn gwangwani mai galan huɗu suke zuba mai, irin wanda in mota ta faɗa rami sai ya tsage. A hamadar Libiya man da ya tsiyaye musu a hanya ba kaɗan ba ne, har ta kai duk sojan da ya tsinci jarkar Jamus ba ya rabuwa da ita. Daga baya su da Amurkawa suka kwaikwaya.

Tawa tsayinta santimita 4.7. Na sassaƙa tsagar a jikin guntun ƙarfe mai kauri, ina ɗora fallen gwangwanin madara ina bugawa da guduma ta roba. Cikin goma na farko huɗu suka fito da kyau. Mariƙin da wayar kwafa nake yi. Ina son talatin.

Talata, 25 ga Fabrairu

Na yi wani lissafi a bayan takardar siminti, ya sa na bar aiki na zauna shiru. Jarka cike da fetur wajen kilo 20 ce. Tan uku ke nan jarka 150, lita 3,000. Tankar Panzer IV tana shan lita 470 kafin ta cika, kuma wannan ba zai kai ta fiye da kilomita 200 a kan kwalta ba. Wato gingimari guda tankoki shida za ta shayar, sau ɗaya, ta juya. Runduna guda ta tankoki kuwa tana da su sama da ɗari biyu a 1940, ban da sauran motocinta da su ma fetur suke sha.

Sai na kai lissafin hamada. Janar Rommel na Jamus ya sauka Libiya a Fabrairun 1941. Babbar tasharsa ta jirgin ruwa Tarabulus ce, kuma lokacin da ya kai El Alamein ta ƙasar Masar a 1942 tazarar ta haura kilomita 2,000, a kan titi guda ɗaya tal da ke bin gaɓar teku. Bangazi da Tobruk sun fi kusa, amma ba sa iya sauke kaya da yawa, ga jiragen Ingila a kansu. In na ƙaddara motar tana shan lita 25 a kilomita 100, zuwa da dawowa ta sha sama da lita 1,000. Kashi ɗaya cikin uku na kayanta ya tafi cikinta, ba a yi maganar taya da sifirin da yashin da ke cinye inji ba. Duk direban tanka da ke ɗauko mai daga Legas zuwa Maiduguri zai gane wannan ba sai an yi masa dogon bayani ba.

Jiragen Ingila da ke farautar waɗannan motoci, da yawansu ta kanmu suka wuce. A akwati ake kawo su Takoradi, a Ghana ta yanzu, a haɗa, su tashi su bi ta Legas, Kano, Maiduguri, Fort Lamy wadda yanzu ake kira Njamena, su ratsa Sudan zuwa Masar. Jamusawa sun san da hanyar, har a Janairun 1942 suka aiko jirgi guda ya ratso Sahara ya jefa bam a Fort Lamy ya ƙona ma'ajiyar mai.

Jarka goma sha ɗaya yanzu.

Alhamis, 13 ga Maris

Azumi, ga zafi ya fara. Bayan tarawihi kawai nake taɓa aikin, in akwai wuta. Na fara mota ta biyu, Kübelwagen, ƙaramar motar hafsoshi da 'yan aike. Ita ta fi sauƙi, don jikinta duk a miƙe yake kamar akwati, sai ƙananan tsagogi da ke ƙarfafa fallen. Tsawonta a wurina santimita 37 da ɗoriya.

Wani dattijo makanike da ya yi zamanin Volkswagen ya leƙo, ya ɗaga ta ya juya cikinta sama. Ya ce, "Yaro, ina akwatin giyar ƙafa?" Na ce wane? Ya ce in dai 'yar gidan Beetle ce ta soja, to akwai ƙaramin akwatin haƙora a ƙarshen kowane aksul na baya, irin na tsohuwar Kombi. Na duba hotuna, gaskiyarsa. Sojoji sun ce sai motar ta iya tafiya a hankali daidai da takun soja, shi ne aka ƙara mata waɗannan haƙora, suka rage gudu, suka ƙara ƙarfi, suka kuma ɗaga cikinta daga ƙasa. Tayar baya kaɗai ke ja, amma saboda rashin nauyi da shafaffen ciki tana ratsa yashin da manya ke maƙalewa. Injin iska ke sanyaya shi, babu lagireto, babu ruwan da zai tafasa a Libiya ko ya daskare a Rasha. Cc 985 ne da farko, daga 1943 aka ƙara zuwa 1,131. An ƙera wajen 50,000.

Na ce, "Baba, da ba ka zo ba da na yi abin kunya." Ya ce ai ba a nan take ba, in gyara kujerun, sun yi tudu.

Asabar, 5 ga Afrilu

An sha Sallah. Fenti.

Na saya a wani shago, aka rantse mini ba mai ƙyalli ba ne. Na fesa, ya bushe, mota ta fito tana walƙiya kamar ta amarya. Kwana biyu ina kankarewa. Yanzu na haɗa nawa: baƙi da fari da ɗigon shuɗi, na zuba ɗan hoda don ya kashe ƙyallin. Launin toka mai duhu ake nema. Sai dai motocin da suka shiga Faransa a Mayun 1940 ba toka zalla ba ne, akwai dabbare-dabbaren ƙasa-ƙasa mai duhu a kan kusan sulusin jiki, wanda ba ya fita a hoton baƙi da fari. Bayan an gama da Faransa ne aka ce a bar toka kaɗai, sannan a Fabrairun 1943 aka koma rawaya mai duhu. Tunda ayarina na 1940 ne, sai na yi dabbaren.

Nan na gano wata matsala: Kübelwagen a 1940 aka fara ƙera ta, ba ta yawaita ba sai daga baya. Zan yi mata launin hamada in ajiye ta gefe guda.

Laraba, 23 ga Afrilu

Yau mun yi 'yar sa-in-sa da yarona. Na dawo daga sallar la'asar na tarar ya zana alamar 'yan Nazi da alli a ƙofar gingimarin, wai yana gwada inda za ta zauna. Na ce ya goge. Ya ce, "Oga, ai Hitila jarumi ne, shi ya ba Turawan mulkin mallaka kashi." Na sha jin wannan magana a bakin samari, har da masu liƙa hotonsa a bayan babur.

Na zaunar da shi. Na farko, ko ta fuskar aiki kuskure ne: motar kaya lamba take ɗauka mai farawa da WH in ta sojan ƙasa ce, da ƙaramar alamar runduna a kan fuka-fukin taya. Na biyu, na ba shi labarin abin da ayarin nan ya yi da ya haɗu da masu irin fatarmu. Faransa ta kai dubban sojojin Afirka ta Yamma fagen daga a 1940, ana kiransu 'yan Senegal amma daga ko'ina aka ɗebo su, har da ƙasar Nijar. A wurare da dama, in sun miƙa wuya, sai Jamusawa su ware baƙaƙe gefe su harbe. A Airaines, ranar 7 ga Yuni, sojojin rundunar Rommel suka harbe Kyaftin Charles N'Tchoréré, mutumin Gabon, bayan ya miƙa wuya, don ya nemi a ɗauke shi a matsayin hafsa kamar sauran. A Chasselay kusa da Lyon, ranakun 19 da 20 ga Yuni, aka tara fursunoni baƙaƙe a fili aka buɗe musu wuta da bindigogin tankoki. Maƙabartarsu tana nan har yau, an gina ta da jan launi irin ginin ƙasar Mali. Masana'antar da ta ƙera Kübelwagen kuwa da mutanen da aka kamo aka tilasta wa aiki ta cika. Ban ma shiga maganar miliyoyin Yahudawa da sauran waɗanda aka hallaka ba.

Ya yi shiru, ya sa gefen rigarsa ya goge allin. Can ya ce, "To Oga, me ya sa kake ƙera motocinsu?" Na ce ina son in gane yadda abin ya yi aiki, da inda ya karye. Ban tabbata amsar ta gamsar da shi ba. Ni ma na kwana ina juya ta.

Asabar, 10 ga Mayu

Shekara 85 daidai da ranar da ayarin gaske ya tashi zuwa Faransa. Na jera abin da nake da shi a kan tebur: gingimari guda da tamfol ɗinta na tsohon wandon kaki, jarka 26, duro biyu. Na fara shimfiɗa hanyar da katako da yumɓu, siririya mai kwana, da gangare a gefe, kamar hanyoyin dajin Ardennes da ke kan iyakar Beljiyam da Faransa.

A fim za ka ga tankoki suna keta fili a guje. Kwanakin farko ba haka suka kasance ba. Rundunar Janar von Kleist ta tura motoci sama da 41,000 cikin hanyoyi huɗu kacal na wannan daji mai tuddai, aka samu cunkoson da ya kai kilomita 250 a wani wurin, ya fi Kano zuwa Kaduna. Da jiragen Faransa da Ingila sun faɗa musu a lokacin, da wani labarin ake yi. Ba su zo da ƙarfi ba, don manyansu sun tura mafi kyawun rundunoninsu arewa cikin Beljiyam, inda suka zaci nan ne babban harin. Ranar 13 ga wata Janar Guderian na Jamus ya tsallake kogin Meuse a garin Sedan na Faransa, kuma sojan ƙasa ne suka fara haye shi a kwale-kwalen roba bayan jirage sun yini suna ruwan bam, tankoki suka biyo bayan an kafa gada. Ranar 20 suna bakin teku kusa da Abbeville. An yanke rundunonin da ke arewa daga baya.

Tankokin Faransa da yawa sun fi na Jamus kaurin ƙarfe da girman bindiga. Abin da Jamusawa suka fi su shi ne sun tara nasu wuri guda, kowace tanka da rediyo, kwamanda yana gaba yana ba da umarni nan take, an kuma tsara inda za a ajiye jarkoki a bakin hanya tun kafin a tashi. Direbobi kuma ana ba su ƙwayar Pervitin mai hana barci, miliyoyi aka raba. Mu nan mun san abin da ƙwaya ke yi wa direban dare, mun kuma san yadda yake wayar gari.

In zan yi cunkoson nan duka a awona, teburin sai ya kai kilomita 25. Mita biyu gare ni.

Lahadi, 1 ga Yuni

Dawakai. Na yi ta kaucewa, amma ayarin ba zai zama gaskiya ba in babu su. Cikin rundunoni sama da 130 da Jamus ta tanada a Mayun 1940, goma ne kacal na tankoki, sai 'yan kaɗan masu motoci. Sauran a ƙafa suke tafiya, doki na jan igwa da keken abinci. Igwa mai bakin santimita 10.5 doki shida ke janta. Da suka shiga Tarayyar Sobiyet ranar 22 ga Yuni 1941, motoci wajen 600,000 suka tafi da su, dawakai kuma ba su gaza haka ba. Motocin ma tarkace ne, na Faransa, na Ingila da aka bari a Dunkirk, na 'yan kasuwa da aka ƙwace, iri wajen 2,000. Ka yi tunanin mai ajiyar kayan gyara a wannan runduna. Ni iri biyar nake gyarawa a garejin nan, kuma kullum sai an kawo mini abin da bai shiga ba.

Da ruwan kaka ya sauka a watan Oktoba hanyoyin Rasha suka zama taɓo, Blitz mai jan tayar baya ta nutse har aksul. Ƙananan dawakan manoman Rasha da kekunansu na katako su suka riƙa kai abinci gaba. Daga baya aka cire wa wasu Blitz ɗin tayoyin baya aka sa musu sarƙa irin ta tanka, aka kira su Maultier, wato alfadari. Sunan ya dace. Doki kuma nasa kuɗin daban: mota in ka kashe ta ta daina sha, shi kuwa ko yana tsaye sai ya ci, kuma harawarsa a jirgin ƙasan da zai ɗauko harsashi take hawa.

Na gwada yin doki da ƙarfe, ya fito kamar akuyar da ta sha duka. Na kai wa wani mai sassaƙa turmi da mutum-mutumi awo, tsayin kafaɗa santimita 16, na nuna masa hoto. Ya duba ya ce wannan ba doki ba ne, sa ne aka yi wa geza. Na ce haka nasu suke, masu faɗin ƙirji da kaurin ƙafa, kada ya yi mini siririn dokin hawan Sallah. Ya ce biyu zai fara yi, bayan Babbar Sallah in zo in gani.

Kafin nan zan haɗa keken da kayan ɗaurin. Fatar tsohon walat ɗina ta isa linzami da abin wuya. Ƙafafun keken ne ban san yadda zan yi ba tukuna, kowace da sanduna goma sha biyu na tsinken tsire, kuma na farko da na gwada daren jiya ta fito kamar ƙwai. Jarka 29, saura ɗaya, gwangwanin madara ya ƙare.